Hayar ɗaki babu kwaɗo

Duk kamfanin da ke ba da hayar sabar wasa yana da jumla guda da yake alfahari da ita a shafinsa na talla: a biya kuɗi yanzu, cikin minti ɗaya duniyar wasan ta tashi. Gaskiya ne kuwa, tana tashi. Abin da tallar ba ta faɗa shi ne a buɗe take tashi, ƙofa hanhai, kuma ba sai an jima ba baƙon da ba a gayyata ba zai san da ita. Saba dai kwamfuta ce da ke zaune a wata cibiyar bayanai a Jamus ko Amurka ko Singafo, ba ta barci, tana riƙe da duniyar da abokai goma ko ashirin suke ginawa tare a Minecraft ko Palworld ko Valheim. Wanda ya karɓi hayarta ɗan haya ne kamar kowane ɗan haya. Bambancin shi ne a nan mai gida yana miƙa ɗakin ba kwaɗo, in an yi ɓarna kuma ya tura ɗan hayar ya je ya karanta shafin tambayoyi da amsoshi.

Hujjar da ɗan haya ke kwantar wa kansa hankali da ita sananniya ce: wa ya san adireshina? Mutum biyar kawai na ba. Wannan hujja ta mutu tun 2013. A shekarar ne masu bincike a Jami'ar Michigan suka fitar da manhajar ZMap, wadda ke iya ƙwanƙwasa ƙofar kowane adireshi na tsarin IPv4, kusan biliyan 4.3, cikin ƙasa da minti 45 daga kwamfuta guda. A shekarar dai Robert Graham ya saki masscan, wadda ta rage aikin zuwa 'yan mintuna in layin intanet ya isa. Dukansu kyauta ne. Kuma mai neman sabar wasa ba ya lalube, domin kowane wasa yana da lambar ƙofar da aka san shi da ita: Minecraft na Java 25565, Counter-Strike 27015, Palworld 8211. Sabar Minecraft, in aka gaishe ta, takan amsa da fara'a, ta faɗi sigarta da saƙon marabarta da yawan mutanen da ke ciki, har da sunayen wasu daga cikinsu, ba tare da ta tambayi mai gaisuwar ko shi wane ne ba. Shafin Shodan ya daɗe yana tara irin waɗannan amsoshi. Wani gungun masu ɓarna da ke kiran kansa Fifth Column, wanda ya taso daga sabar nan marar doka ta 2b2t, har na'urar bincike ta kansa ya haɗa, Copenheimer, don zaƙulo sabobin da ba a kulle ba, a shiga a rusa. Babu ƙiyayya tsakaninsu da masu sabobin, ba su ma san su ba. Ƙofa suka samu a buɗe.

A nan ne masu kare kamfanoni kan jawo karin maganar nan, wai in ɓera na da sata, daddawa ma na da wari. Ma'ana, sakacin ɗan haya ne, me ya hana shi sa kalmar sirri? Tambayar tana da kyau har sai an dubi wanene ɗan hayar. Sau da yawa yaro ne ɗan shekara goma sha huɗu da ya roƙi katin bankin mahaifinsa, ko ma'aikaciya ce da ke son wurin hira da tsofaffin abokan makaranta bayan an tashi aiki. Kamfanin da kansa ya tallata musu cewa ba sa buƙatar sanin komai na fasaha, wannan ne ma dalilin da ya sa suka biya shi maimakon su kafa sabar a gida. Ba a sayar wa mutum rashin buƙatar ilimi da safe, da yamma a zarge shi da jahilci.

A duba yadda fayilolin saiti ke zuwa. A Minecraft na Java babu kalmar sirrin shiga kwata-kwata. Abin da ke tsare ƙofa jeri ne na sunayen waɗanda aka yarda su shigo, kuma fiye da shekara goma wannan jeri a kashe yake zuwa, sai mai sabar ya nemo layin ya kunna. A Palworld, wanda kamfanin Pocketpair na Japan ya fitar a Janairun 2024, akwai gurbin kalmar shiga da na kalmar shugabanci, amma dukansu fanko suke zuwa. Abin ya ƙara muni a makonnin farko, lokacin da mai shiga ta adireshi kai tsaye ba ya samun wurin rubuta kalmar, ta yadda hanya mafi sauƙi ga wanda abokansa suka kasa shigowa ita ce ya cire ta gaba ɗaya. Gurbin da aka bari fanko shawara ce da wani ya zauna ya yanke. Saba a buɗe ba ta jawo koke a ranar farko: abokai sun shiga, mai haya ya gamsu, sashen kula da kwastomomi bai samu saƙon “na kasa shiga” ba. Koken da zai zo bayan wata uku, ranar da aka tarar da garin da aka gina ya zama toka, wannan ba kamfanin ne zai biya shi ba.

Kuma kada a ce ba ya yiwuwa. Valheim, na ƙaramin kamfanin Iron Gate na Suwidin, tun fitowarsa a Fabrairun 2021 sabarsa ta jama'a ba ta yarda ta tashi sai da kalmar sirri mai aƙalla harafi biyar, kuma in ta ga kalmar a cikin sunan sabar sai ta ƙi. Harafi biyar ba wani katanga ba ne, amma ya isa ya kori mai yawon murɗa ƙofofi. Mojang ma ya san hanyar: Realms, sabar da shi kansa yake bayarwa haya, da gayyata kaɗai ake shigarta. Wato inda sunansa ke kan ƙofa, ya sa kwaɗo.

Akwai ƙorafi guda mai nauyi: wasu sabobin don jama'a aka kafa su, kulle su kashe su ne. Haka ne. Sai dai mai kafa sabar jama'a ya san abin da yake yi, yana da masu sa ido, kuma buɗe ƙofa a wurinsa danna maɓalli ɗaya ne. In aka manta aka bar saba a kulle, asarar ita ce aboki ya jira minti biyar. In aka manta aka bar ta a buɗe, asarar aikin watanni ne, ko abin da ya fi haka, wato babban mutum da ba a sani ba yana hira da yara a wurin da iyayensu suka ɗauka tsakar gida ne. Kuskure biyu da nauyinsu ya bambanta haka ba a ba su matsayi ɗaya a saitin farko.

Duniyar kwamfuta ta riga ta biya kuɗin wannan darasi, kuma abin mamaki ta ƙofar Minecraft ya shigo. Manhajar ɓarna ta Mirai, wadda a 2016 ta tara dubban ɗaruruwan kyamarorin tsaro da na'urorin raba intanet, ba wata dabara mai zurfi ta yi ba: kalmomin sirri kusan sittin da masana'antu ke sakawa tun daga kamfani ta riƙa gwadawa. Samari uku da suka rubuta ta, Paras Jha da Josiah White da Dalton Norman, sun amsa laifinsu a Disamban 2017, kuma binciken ya nuna gasar kasuwar sabobin Minecraft na cikin abin da ya tunzura su. Bayan haka jihar Kalifoniya ta hana sayar da na'urori masu kalmar sirri ta bai-ɗaya daga Janairun 2020, Birtaniya ta bi sahu a Afrilun 2024. Dokokin nan na na'urori ne, ba su shafi sabar wasa ba, amma hukuncin da suka yanke a fili yake: nauyin kullewa na wanda ya ƙera ne.

Kafin kamfanoni su ji kunya, ɗan haya yana buƙatar sanin abin da ba a gaya masa ba, cewa makullai uku ne ba ɗaya ba. Na farko na shiga wasa, shi ne mafi rauni, domin kalma ce guda da ake jefawa a zauren WhatsApp ko Discord, kuma ranar da aka yi faɗa da mutum ɗaya sai an canja wa kowa. Jerin sunaye ya fi ta, tunda ana iya goge mutum guda a bar sauran. Amma a Minecraft jerin ba ya da amfani in an kashe tantance asusu don abokai masu kwafin wasan na sata su samu shiga, saboda daga nan kowa na iya zuwa da sunan kowa, har da sunan shugaban sabar. Na biyu shi ne na ba da umarni daga nesa, wanda ake kira RCON. Mai riƙe da shi yana korar wanda ya so, ya naɗa kansa shugaba, ya kashe sabar. Wannan hanya ba ta lulluɓe abin da ke bi ta cikinta, kalmar tsirara take tafiya a kan layi, don haka wanda ba ya amfani da ita ya rufe ta, wanda ke amfani da ita kuma kada ya maimaita kalmar da ya raba wa abokai. Na uku shi ne asusun kamfanin hayar, inda fayiloli da kwafin ajiya da bayanan biyan kuɗi suke. Shi ya cancanci doguwar kalma da ba a taɓa amfani da ita a wani wuri ba, da tantancewa mai mataki biyu.

Abin da ake nema daga kamfanin haya bai kai aikin mako guda ba. A lokacin da ake kafa sabar, shafin ya tambayi mai haya ko ta abokai ce ko ta jama'a. In ya ce ta abokai, na'ura ta ƙirƙiro kalmomi biyu mabambanta, ta kunna jerin sunaye ta sa sunansa a farko, ta bar ƙofar umarni a rufe, ta kuma ɗauki kwafin duniyar kowane dare ta ajiye a wurin da mai shiga wasan ba zai iya taɓawa ba. Kamfanonin nan sun riga sun iya tambayar mai haya yawan ma'adanar da yake so da ƙasar da za a ajiye masa sabar, kuma ba su taɓa barin gurbin lambar katin banki fanko ba.