Rawanin Dagaci Ba Na Kotu Ba Ne

Jama'a, akwai wani ciwo da ke cin ƙauyukanmu. Dagaci ya rasu, tun ba a yi sadakar bakwai ba, ɗansa da ƙanensa sun shiga zarya gidan Hakimi. In Sarki ya naɗa ɗaya, sai ɗayan ya sayar da gona ya ɗauki lauya. Shari'a ta yi shekaru, gari ya dare biyu, har masallaci kowa da nasa.

Shin me ake nema? Ba ladan tara haraji ba ne, gama a Jihar Kano an soke haraji da jangali tun 1979. Ƙasa ce: shaidar dagaci ake bukata wajen cinikin gona.

Mu malaman ofis, da takardun ƙara ke bi ta hannunmu, mun san tushen ciwon, watau zaɓe a ɓoye. Da Hakimi zai tara liman da masu unguwanni da dattawa a dandali, a rubuta abin da suka faɗa kafin a kai wa Sarki suna, da lauya ya rasa abin kamawa.

Ku kuwa da kuka iya karatu, kada ku sa hannu a takardar ƙara sai kun karanta ta. Alƙali yana iya ba mutum rawani, amma ba ya iya ba shi zukatan talakawa.