Hotunan ranar 'yancin kai: tarihin namu ne, lasisin na wasu

Tun da Faransa ta mayar wa Jamhuriyar Benin kayayyakin tarihi 26 na masarautar Dahomey a watan Nuwamban 2021, muhawarar maido da kayan gado ta fi karkata ga mutum-mutumi da karagun sarauta. Sai dai akwai wata dukiyar da ba a cika ambata ba: tsofaffin hotunan bidiyo.

Mai shirya fim a Yamai, Garwa ko Njamena da ke son nuna Diori Hamani ko Ahmadou Ahidjo a shekarar 1960, sau da yawa sai ya nemi izini daga Turai. Hotunan zamanin suna hannun cibiyar INA ta Faransa, da ECPAD mai adana hotunan sojin ƙasar, da kamfanoni irin su Gaumont Pathé Archives da British Pathé.

Hakan ya samo asali ne daga mulkin mallaka. Dokar Laval ta 1934 ta hana ɗaukar fim a yankunan Afirka da Faransa ke mulka sai da izinin hukuma, abin da ya toshe wa 'yan ƙasa hanya. Wanda ya riƙe kamara a jiya, shi ke riƙe da haƙƙin mallaka a yau.

Aikin ba ƙarami ba ne. Mai bincike zai lalubo hoton, ya karɓi kwafin gwaji mai tambari, sannan a shiga ciniki. Ana lissafa kuɗin da daƙiƙa ko minti, gwargwadon ƙasashen da za a nuna fim ɗin, da tsawon wa'adin lasisin, da kafar da za a bi: sinima, talabijin ko intanet. British Pathé ya ɗora finafinai kusan 85,000 a YouTube a 2014, amma kallo kawai ne kyauta; sanya su cikin fim sai an biya.

Sakamakon a fili yake. Tashoshin Turai masu kuɗi su ke iya ba da labarin yankin da hoto, ƙaramin mai shirya fim kuwa sai ya haƙura da hirar dattawa.

Amma laifin bai tsaya ga Turai ba. Zafi da ƙura suna cinye kaset-kaset a gidajen talabijin na gwamnatoci, kuma ambaliyar 1 ga Satumban 2009 ta lalata finafinai a ma'ajiyar finafinan Afirka ta Wagadugu. Shirin da gidauniyar Martin Scorsese ta ƙaddamar a 2017 tare da UNESCO da ƙungiyar FEPACI ya ɗauki finafinai 50 ne kawai don gyarawa.

Bambancin hoto da mutum-mutumi shi ne ana iya kwafarsa ba tare da mai shi ya rasa komai ba. Don haka abin da ya kamata gwamnatocin yankin su nema shi ne kwafi mai inganci da lasisi mai rahusa ga 'yan ƙasa, su kuma ware kuɗin mayar da nasu kaset ɗin cikin kwamfuta kafin ya ruɓe.