Dariyar da Ake Saye da Mutuncin Bayin Allah

Makon jiya ina zaune a shago, yarana biyu sun haɗa kai kan waya suna ta ƙyalƙyala dariya, har mai sayen sukari ya gaji ya tafi. Na ce a miƙo in gani. An raba fuskar wayar biyu: a sama wani mai taɓin hankali yana rawa cikin kwata, a ƙasa wani matashi yana zare ido, yana dafe kai, yana kwaikwayonsa. Da na ƙura ido sai na gane na saman. Bawan Allahn nan ne da ke kwana a bakin tasha, kan hanyar Lokoja, wanda da yawanmu ke ba shi sadakar abinci. Ɗan unguwar nan ne ya ɗauke shi, wani can ya mai da shi jari.

Sana'ar ke nan yanzu a TikTok da Facebook. Mutum ya tsinto bidiyon wani, ya liƙa fuskarsa a gefe, ya yi ta sheƙa dariya, masu kallo su taru, talla ta shigo.

Kada a ce malam ya haramta raha. Manzon Allah (SAW) yana raha, amma bai taɓa wulaƙanta kowa da ita ba. Ku dubi Khaby Lame, haifaffen Senegal da ya tashi a Italiya. Ya rasa aikinsa na masana'anta a 2020, zuwa Yunin 2022 ya fi kowa mabiya a TikTok. Abin da yake yi shi ne nuna hanya mai sauƙi ga wanda ya wahalar da kansa, ko baki ba ya buɗewa. Namu kuwa farautar mahaukaci da musaki da tsohuwar ƙauye suke yi, waɗanda ba za su iya ramawa ba.

A Nuwamban 2022 kotun majistare a Kano ta sa aka yi wa matasa biyu bulala 20 kowannensu kan bidiyon barkwanci game da Gwamna Ganduje. To, wanda ya taɓa gwamna ya sha bulala. Wanda ya taɓa mahaukacin tasha fa, wa zai kai ƙararsa? Aya ta 11 ta Suratul Hujurat da ta hana izgili ba ta ware mai mulki da talaka ba.

Kuma mu ne kasuwar. Tun da aka amince da ƙarin kashi 50 cikin 100 na kuɗin kira da data a Janairun 2025, kowa kuka yake, amma ba a rasa na kallon tozarcin wani. Ni ɗan kasuwa ne, na san hajar da ba ta da mai saye ba ta daɗewa a rumfa.

Don Allah iyaye, mu riƙa duba wayoyin yaranmu. In an turo maka irin wannan, goge shi, kada ka tura gaba. Mutumin tashar nan ɗan wani ne, wata ce ta haife shi, kuma wayar nan tana kaiwa har garinsu. Allah Ya rufa mana asiri.