Kusurwar Kimiyya: Me ya hana karsanar Kawu haihuwa?

Da na je hutu Kebbe, na tarar Kawu zai kai wata karsana kasuwar Tambuwal. Shekara huɗu yana ciyar da ita, ba ta taɓa ɗaukar ciki ba. Ashe tagwaye aka haife su, ita da maraƙi namiji.

A farkon ciki, tayin namiji da na mace ba su da bambanci a gaɓoɓin haihuwa. A ɗan Adam sai wajen mako na bakwai suke raba hanya. Idan uba ya ba da kuromosom Y (uba fa, a daina zargin uwar 'ya'ya mata), ƙwayar gado da ke kansa mai suna SRY, wadda aka gano a 1990, takan sa a gina 'ya'yan maraina. Su kuma su fitar da sinadarin AMH, mai narkar da bututun da zai zama mahaifa.

To a shanu, jijiyoyin jinin tagwaye kan haɗe a mabiyiya, sai sinadarin namijin ya tsallaka jikin 'yar'uwarsa ya hana mahaifarta ginuwa. Kusan 9 cikin 10 na irin waɗannan karsana juya suke zama. Frank Lillie na Amurka ya bayyana haka tun 1916.

Hassan da Usaina na ajinku su kwantar da hankalinsu, ba a ganin wannan a tagwayen mutane. Kawu dai ya ce da ya sani tun tana maraƙa zai yi kiwonta don yanka.