Wasan da Aka Hana Shekara Biyar a Birnin Faris

Sau da yawa mu kan ji ana cewa wasan kwaikwayo aikin marasa aikin yi ne, kuma mai mutunci ba ya tsayawa gaban jama'a ya ari muryar wani. Ni ban yarda da wannan magana ba, ina kuwa so in kafa hujjata da wani abin da ya auku a ƙasar Faransa zamanin Sarki Luwi na 14.

Sai ku fara sanin yadda gidan wasa ya ke a Faris a wancan zamani. Ɗaki ne dogo, da kyandir a ke haskaka shi. Masu ƙaramin ƙarfi a tsaye su ke kallo a tsakar ɗakin, suna hayaniya da tafi. Waɗansu 'ya'yan manya kuwa a bisa dandamalin 'yan wasa a ke jera musu kujeru, don a gan su, ba a daina wannan al'ada ba sai a 1759. Su 'yan wasan, jama'a na son wasansu, amma limaman majami'a suna lissafa su cikin ɓatattu. Wanda bai tuba ya bar sana'ar ba kafin ya cika, ba a yi masa jana'iza irin ta sauran Kirista.

A cikin wannan hali Moliyer ya tashi. An haife shi a Faris a 1622, ubansa mai yi wa gidan Sarki aikin shimfiɗu da labule ne. Ya bar gadon gidansu ya kafa ƙungiyar wasa a 1643, ta karye, har aka tsare shi saboda bashi a 1645. Daga nan ya yi shekara wajen goma sha uku yana yawon garuruwa da mutanensa, sai a 1658 ya komo Faris ya yi wasa gaban Sarki, Sarki ya yi murna da shi.

Ran 12 ga Mayu 1664, wajen wani babban biki a Fersai, ya nuna sabon wasa mai suna Tartuf. Ga labarinsa kamar yadda ya iso gare mu. Wani mawadaci, Orgon, ya ga wani mutum, Tartuf, yana yawan ibada a majami'a, ya ɗauko shi ya ajiye a gida. Ya yi alkawarin ba shi 'yarsa, ya kori ɗansa na cikinsa dominsa, ya rubuta masa dukiyarsa duka. Ashe Musa ne a baki, Fir'auna a zuci, matar mai gidan ya ke nema. Da mijin ya ƙi yarda da abin da a ke gaya masa, sai matar ta ɓoye shi ƙarƙashin tebur, ya ji da kunnensa. Da asiri ya tonu, Tartuf ya ce ai gida nasa ne, su fita. Ɗan sakon Sarki ne ya zo ya kama shi a ƙarshe.

Sarki ya yi dariya, amma manyan majami'a da wata ƙungiyar masu tsananin addini suka matsa masa, ya hana a nuna wasan ga jama'a. Wani limami ma ya rubuta cewa Moliyer shaiɗan ne cikin jikin mutum, ya cancanci a ƙone shi. A watan Agusta 1667, sa'ad da Sarki ya ke wurin yaƙi a Filanda, Moliyer ya gyara wasan, ya sake masa suna, ya nuna shi sau ɗaya. Kashegari shugaban babbar majalisar shari'a ta Faris ya hana. Bayan 'yan kwanaki babban limamin Faris ya yi shela, duk wanda ya yi wasan, ko ya karanta shi, ko ya saurara, za a fid da shi daga majami'a. Sai ran 5 ga Fabrairu 1669 Sarki ya ba da izini, mutane suka yi ta turereniya a ƙofa.

To, kada mu yi wa waɗanda suka hana zalunci. Ba dukansu ne munafukai ba, akwai na kirki, kuma hujjarsu ba ta banza ba ce. Suka ce ai munafuki da mai gaskiya kalmominsu iri ɗaya ne, sunkuyar da kansu iri ɗaya. In aka koya wa taro su yi wa wannan dariya yau, gobe in sun ga mai tsoron Allah na ainihi, shi ma dariya za su yi masa. Wannan magana tana da nauyi, gama dariya kamar ruwa ta ke, in ta ɓalle ba ta zaɓen gonar da za ta ci.

Duk da haka ina ganin sun yi kuskure, saboda dalili uku. Na fari, Moliyer bai bar taro cikin duhu ba. Ya sa wani mai hankali cikin wasan, Kileyant, ɗan'uwan matar mai gida, wanda ya ke rarrabe mai ibada don Allah da mai yi don idon mutane. Abin da ya tona Tartuf kuma aikinsa ne, watau kwaɗayin dukiya da matar wani, ba ibadarsa ba. Na biyu, wa ke ɓata sunan masu gaskiya in ba mayaudari ba? Mai kuɗin kirki ba ya fushi don an koya wa 'yan kasuwa gane kuɗin jabu, shi ne ma ya fi kowa amfana. Na uku, wasan ya fi yi wa Orgon faɗa bisa ga Tartuf. Mayaudara ba su da yawa, amma masu gida da ke toshe kunne ga iyalinsu saboda daɗin bakin baƙo suna ko'ina. Irin wannan mutum in ka yi masa nasiha ido da ido sai ya yi fushi, amma in ya ga kamarsa ƙarƙashin tebur, ya yi dariya tare da jama'a, sai ya koma gida yana tunani.

Akwai wani abu kuma da ya kamata mu lura. Moliyer bai tsira don an yarda da hujjarsa ba, ya tsira ne don Sarki na sonsa. Tun 1665 ƙungiyarsa ta zama ta Sarki, ana ba ta kuɗi kowace shekara. Shi ya sa waɗansu ke ganin ba banza ba ya ƙare wasan da yabon adalcin Sarki. Gaskiyar da ta dogara ga inuwar mutum ɗaya kuwa tana cikin hatsari. Ran 17 ga Fabrairu 1673 ciwo ya tasar wa Moliyer yana cikin wasa, ya daure ya gama, aka kai shi gida ya rasu a daren. Da ya ke bai sami barin sana'arsa gaban limami ba, aka ƙi yi masa jana'iza, sai da matarsa ta kai kuka wurin Sarki kana aka yarda a binne shi da dare, ba da wani biki ba. A 1680 Sarki ya haɗa mutanensa da waɗansu 'yan wasa ya kafa Komedi Faransez, wadda har yanzu a ke ce mata gidan Moliyer, Tartuf kuwa yana cikin wasannin da ta fi maimaitawa.

Saboda haka roƙona biyu ne. Ga mai son tsara wasa, ya yi wa hali ba'a, kada ya nufi wani mutum, kada kuma ya taɓa addinin kowa, ya tabbata abin da ya nuna gaskiya ne. Ga mai ikon hanawa, kafin ya hana ya tambayi kansa, shin ƙarya aka yi cikin wasan, ko kuwa gaskiya ce ta yi ɗaci? Gama Hausawa sun ce mai kaza a aljihu ba ya jimirin as. Allah ya ba mu ikon jin gaskiya ko da cikin wasa ta zo mana, amin.