Filin Mata: Haihuwar 'Ya'ya Mata, Laifin Wa?



Ran Asabar na je suna nan Unguwar Rimi, na tarar da maijego tana kuka. Ta haifi mace ta huɗu, uwar miji kuwa har ta fara zancen a ƙaro wata.

To, ku saurara. Cikin ƙwayar halittar mutum akwai waɗansu zaruruwa 46, sunansu kuromosom, 23 daga uwa, 23 daga uba. Uwa kullum X take bayarwa. Uba kuwa in ya ba da X a sami mace, in Y a sami namiji. Wata malama a Amurka, Nettie Stevens, ta gano wannan a jikin ƙwari a 1905. 'Yan makaranta, ku riƙe sunanta.

Abin mamaki, har wajen mako shida gaɓoɓin haihuwar ɗan tayi iri ɗaya ne, ko mace ko namiji. Sa'an nan wani ɗan umurni da ke jikin Y, watau SRY, wanda aka gano a Landan a 1990, ya kama aiki, sai 'ya'yan maraina su tsiro. In babu shi, wurin ya zama jakar ƙwai ta mace. A 1991 aka sa wa tayin ɓera mace wannan umurni, aka haife shi namiji.

Lalle Allah ne Mai bayarwa, mijin ma ba shi ya zaɓa ba. Amma kishiya ba ta sauya abin da ke fitowa daga wajensa. Na gaya wa uwar mijin haka, ta ce in sha kununa tun bai huce ba.