A Cire Gidan Wiski Kafin A Yanke Farashi

Edita,

Ka ba ni ɗan fili a wannan jarida mai farin jini in ja hankalin iyayen da ke zuwa Sikotilan bikin yaye 'ya'yansu a jami'o'in Gilasgo da Edinbara.

Akwai kamfanoni a can da ke ba da shatar mota da ɗan jagora na yini guda. Za su kai mutum fadar Stirling, kusa da inda 'yan ƙasar suka ci Ingila da yaƙi a 1314, sannan tafkin Lomond, wanda ya fi kowane tafki faɗi a tsibirin Birtaniya. Duk wannan madalla. To amma sai a liƙa zuwa gidan da ake yin wiski, wai a ɗanɗana. Da sha'ir suke yin ta, ta kwana cikin gangar katako aƙalla shekara 3, kuma abin alfaharinsu ce. Mai sha yana da dalilin ɗaukar direba, don tun 2014 aka tsananta dokar tuƙi bayan an sha.

To mu fa? Ni manomi ne mai ɗan tireda, na san ba a biyan kuɗin kayan da ba za a ɗauka ba. Wanda ya yi shata shi ke da ta cewa. Kafin a yanke farashi, a ce musu su cire gidan wiski da kuɗin shigarsa, a sa lokacin salla da kallon shanunsu masu dogon gashi. Kada kunyar Bature ta hana.

Naku,
Mai karatu a kullum,
Funtuwa.